Bawul Ɗin da Babu a Taswira

Litinin, 4 ga Maris

Zuwa ga Kawuna,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kana lafiya, kai da Inna da duk mutanen gida. Yaya ƙafar? Allah ya sa shan maganin kake yi, ba ajiye shi kake a kan taga yana shan rana ba.

Na koma ga biro da takarda ne saboda wayarmu ta ƙarshe. Na ce maka an yi mana jarrabawa, ka ce, "Wa ya haihu?" Na maimaita da ƙarfi, ka ce Allah ya raya. Tunda kunnen nan ya ƙi waya, bari in rubuto.

Shugaban sashenmu na rarraba ruwa zai yi ritaya a ƙarshen Mayu. A zamaninku rajista kawai ake buɗewa a duba wanda ya riga kowa kama aiki, a miƙa masa makullin ofis. Bana hukumar ruwa ta zo da sabon tsari: jarrabawa a rubuce, duk wanda ya shekara bakwai a aiki zai iya zama, wanda ya fi maki shi ke da kujera. Mu tara muka zauna. Ranar Alhamis aka manna sakamako a allon da ke gindin matakala. Kawu, ni ce ta ɗaya, da maki saba'in da takwas.

Mama ta yi ta kiran dangi har katinta ya ƙare. Maigidana kuwa tun ranar yake ce mini "ranki ya daɗe" idan zai roƙi shayi.

Amma akwai abin da ya tsaya mini a rai. Wanda ya zo na biyu, da maki saba'in da ɗaya, shi ne Baba Bawul. Ka san shi, ai kun yi aiki tare. Shekararsa talatin da ɗaya a sashen, saura masa shekara ɗaya da 'yan watanni ya tafi. Da a tsohon tsari ne, kujerar tasa ce babu musu. Shi ya koya mini aikin nan tun ban san bambancin bututun inci huɗu da na inci shida ba. Idan bututu ya fashe, kafin in buɗe kwamfuta ya riga ya faɗi bawul ɗin da za a rufe, wato marufin da ke tsayar da ruwa a bututu, da sunan mai shagon da ke kusa da shi. To ta yaya na fi shi?

Da sakamakon ya fito ya tsaya gaban allon ya karanta, hannayensa a baya. Ya juyo ya ce mini, "Madalla, 'yata. Allah ya taya ki riƙo." Ya koma teburinsa ya ci gaba da gyaran mitar da ya kwance. Ko fuska bai canja ba.

An mayar wa kowa da takardarsa, mai ƙorafi yana da kwana ashirin da takwas. Shi tasa ya shimfiɗa ta a kan tebur ya ɗora butar shayi. Ranar Juma'ar da ta wuce, da na je ɗaukar fayil, na hango tambaya ta bakwai a gefen butar. Maki goma ne da ita. Ni na cinye goman. Shi an ba shi sifiri da jan biro, har an ja layi biyu a ƙasa. Abin da na iya karantawa na amsarsa shi ne layin farko: "Taswira ta ce lamba goma sha huɗu. Ƙasa ba ta ce haka ba."

Me yake nufi, Kawu? Kai da ka riƙe sashen nan shekara goma sha biyu, ka taɓa jin wani zance a kan lamba goma sha huɗu?

A gaida Inna sosai. Na gode, ka huta lafiya.

'Yarka,
Meyasa


Asabar, 9 ga Maris

Zuwa ga 'yata Meyasa,

Wa alaikis salam. Takardarki ta iso, na karanta ta sau biyu, Innarki ta ƙwace ta karanta sau uku. Muna lafiya. Ƙafa tana nan tana shugabancinta. Magani kuma ina sha, wadda ta gaya miki zancen taga maƙaryaciya ce, kuma na san ko wace ce.

Barka, barka, barka. Allah ya sa albarka, ya kare ki daga sharrin kujera da na masu zagaye ta. Na yi murna ƙwarai. Na tuna kina 'yar shekara biyar kin tsare ni a bakin famfon tsakar gida: me ya sa ruwa ke hawa sama, me ya sa ba ya gajiya, me ya sa yake kuka idan zai zo. Daga nan sunan ya bi ki. Ashe shugabar sashe nake ba amsa ban sani ba.

Game da sabon tsarinku, ni tsohon hannu ne, ba zan ɓoye miki ba. Bin layi yana da amfaninsa. Yana hana faɗa, yana hana kai gaisuwa gidan manya, kowa ya san ranarsa. Jarrabawa kuwa mutum ne ke rubuta ta, mutum ne ke dubawa. Amma tunda 'yata ce ta ci, na yarda jarrabawa aba ce mai kyau, a rubuta haka.

Wanda kuke kira Baba Bawul, mu Dogo muke ce masa. Ashe har ya zama Baba. Mutum ne mai taurin kai tun yana saurayi, ba ya amsa tambaya yadda aka yi ta, sai yadda yake ganin ya kamata a yi ta. Ina jin abin da ya ci shi ke nan. Shawarata, ki bar takardar mutum a ƙarƙashin butarsa. Bai yi ƙorafi ba, ke ma ba ki yi ba. Kwana ashirin da takwas ba su da yawa, ki bar su su wuce.

Amma dai, don kawai in sani, mece ce ainihin tambayar? Ki rubuto mini ita yadda take. Kuma Dogo yana nan da tarin nan nasa?

Innarki tana gaishe ki, ta ce ki gaida maigidanki da uwarki. Allah ya yi miki albarka.

Kawunki


Alhamis, 14 ga Maris

Kawu,

Assalamu alaikum, ina gaisuwa. Ina fata kun tashi lafiya. Ka yi haƙuri, shawararka ta iso a makare. Ko da wuri ta zo ma, kai ka san wadda ka raɗa wa suna.

Ga tambayar: "Idan babban bututu ya fashe a titin gaban asibiti, wane bawul za a rufe don tsayar da ruwan ba tare da an yanke wa asibiti ba?" Taswirarmu ta nuna lamba goma sha huɗu, a mahaɗar gidan mai. Shi na rubuta, shi duk sauran suka rubuta.

Ranar Talata da azahar na same shi shi kaɗai a ofis. Na ja kujera na ce, "Baba, me ƙasa ta ce?"

Ya dube ni ta saman tabarau. "Leƙen takardar mutane kike yi?"

Na ce, "Butar ce ba ta rufe ta duka ba."

Na ɗauka korata zai yi. Sai ya tashi ya sauko da dogon makullin ƙarfen nan na buɗe bawul daga bayan ƙofa, ya ce, "Ɗauko makullin mota. Takalmin nan naki zai sha wuya."

Muka fara da mahaɗar gidan mai. Ya ɗaga murfin lamba goma sha huɗu, ya zura makullin, ya ce in murɗa. Na murɗa har ya ƙure. Ya nuna mini masu wankin mota a tsallaken titi, waɗanda a taswira layinsu daga nan yake. Ruwa na ta feshi daga tiyonsu, ko dusashewa bai yi ba. Ya ce, "Kin rufe. Me ya tsaya?" Na ce babu. Ya ce, "Shekara ashirin da biyu ke nan babu abin da ke bi ta nan sai kyankyasai."

Daga nan ya sa na zaga bayan makarantar firamare. A jikin katanga akwai wata mai sayar da kayan miya, ta kafa teburinta a kan wani falalen siminti. Tana ganinsa ta fara kwashe tumatir tana cewa, "Yau ma fashewa ya yi, Baba?" Ashe ta san abin da hukumar ruwa ba ta sani ba. Muka ɗaga simintin. Ga bawul nan ƙato, an shafa masa man giris, babu lamba a jikinsa. Ya ɗora makullin a kai, ya ce in kafa kunnena a ɗaya ƙarshen. Kawu, na ji ruwa yana gudu kamar mota a babban titi. Ya murɗa rabi, na ji ƙarar ta sauya. 

A mota na ce, "Baba, amsarka ce daidai. Me ya sa ba ka yi ƙorafi ba?"

Ya ce, "Na taɓa yi sau ɗaya ina saurayi. Aka ce ba ni da ladabi."

"To me ya sa ba a gyara taswirar ba?"

"Na rubuta sau biyu. Ofishin zane suka ce sai da zanen asali da sa hannun shugaban sashe na lokacin. Na zana, na miƙa. Inda ya shiga ban sani ba." Ya ɗan yi tari, e, tarin yana nan. Sannan ya ce, "Ki tambayi kawunki. Yana da ƙwaƙwalwa."

Muka koma ofis.

Na zauna na yi lissafi. Idan aka gyara makin, ni zan sauko sittin da takwas, shi ya hau tamanin da ɗaya. Saura kwana goma sha huɗu a rufe karɓar ƙorafi. Ban gaya wa kowa ba, ko maigidana. Tun ranar idan ya ce "ranki ya daɗe" sai in ji shayin ya fita raina. Abin da ya fi damuna ma ba kujerar ba ce. Idan Baba ya tafi baɗi, bututun ya fashe, ni zan tura ma'aikata lamba goma sha huɗu su yi ta murɗa iska, ruwa yana cin titin asibiti.

Kawu, na tambaye ka, kamar yadda ya ce.

A gaida Inna. Ina jiran amsa.

'Yarka,
Meyasa


Talata, 19 ga Maris

'Yata,

Wa alaikis salam. Muna lafiya, alhamdulillahi. Wannan karon ban ba Innarki takardar ba, sai da na gama abin da zan yi.

Ki buɗe ƙaramin ambulan da ke ciki a hankali, takardar ta tsufa. Zanen Dogo ne. Shekara ashirin da biyu yana wurina, goma sha biyu a aljihun teburin ofis, goma a cikin akwatin takardun ritayata.

Ga yadda aka yi. Na girmi Dogo a haihuwa nesa ba kusa ba, amma a aiki da wata huɗu kacal na riga shi. Da kujerar shugaban sashe ta faɗi, duk wanda ke ginin nan ya san Dogo ya fi ni sanin aiki. Ni ma na sani. Ni gwanin rubuta rahoto ne, shi gwanin ruwa. Aka buɗe rajista, aka ga wata huɗun nan, aka ba ni. Ya rubuta ƙorafi shafi uku. Bai zage ni ba, ya dai jera ayyukan da ya yi da waɗanda na yi, gefe da gefe. Darakta ya kira shi ya ce yaro ne marar ladabi, ya jira lokacinsa. Aka ba ni kwafin takardar. Babu ƙarya ko ɗaya a ciki, shi ya sa ta yi mini ciwo.

A watan ne aka faɗaɗa titin asibiti. Cikin kwana uku Dogo ya karkatar da bututun ta bayan makaranta, asibiti bai rasa ruwa ko na awa ɗaya ba. Ya zana sabon layin da hannunsa ya kawo mini in sa hannu in tura ofishin zane. Na duba, na ga sunansa a ƙasa da manyan baƙaƙe. Na ce a raina, wannan ma zai shiga shafi na huɗu. Na jefa a aljihun tebur da niyyar sati ɗaya, don ya ɗan ji. Sati ya zama wata. Da ya tambaya na ce na tura. Bayan na faɗi haka kuma, fito da ita ya zama tona kaina. Kin ji duka.

Da na tashi ritaya na ɗauka kujerar za ta je gare shi, in samu sauƙi a raina. Sai aka kawo wani daga reshe wanda ya riga shi da shekara guda. Aka sake ce masa ya jira. Ya jira, lokacinsa ya zo, aka ce yanzu ba a bin layi. Yana da ƙuruciya aka kayar da shi da shekaru, ya tara shekarun aka kayar da shi da jarrabawa. Jarrabawar ma da taswirar da ni na bari a karkace.

Na sa hannu a zanen, da kwanan watan yau, ba na wancan lokacin ba. Na haɗa da takardar shaida zuwa ga kwamitin ƙarin girma, na faɗi abin da na yi. Amma ban aika musu ba, ke na aiko wa. Ba zan ce ki miƙa ba, ba zan ce ki riƙe ba, don ke za ki biya, ba ni ba. Ba ki saci maki ba, abin da aka koya miki kika rubuta. Kina iya karɓar kujerar ki gyara taswirar daga baya, babu mai zarginki. Na dai san nauyin takardar nan idan aka ajiye ta.

Na gaya wa Innarki bayan na manne ambulan. Ta ce dama ta san akwai dalilin da ya sa nake canja hira duk lokacin da aka ambaci Dogo.

Allah ya yi miki zaɓi mafi alheri. Ki yafe wa kawunki.

Kawunki


Laraba, 10 ga Afrilu

Kawuna,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina kuma neman afuwar shirun da na yi. Babu abin yafewa tsakanina da kai. Wanda za ka nema wurinsa yana tebur na uku daga taga.

Kwana biyar ambulan ɗinka yana cikin jakata. Na kai shi ofis na dawo da shi gida, na sake kai shi. Ba zan yi maka ƙarya ba, ina son kujerar nan. Na riga na tsara yadda zan juya teburin ya fuskanci ƙofa. Kuma idan ta wuce ni, ba tabbas in sake ci baɗi, akwai masu kaifin kai a bayana.

Da na gaya wa maigidana, sai ya ce, "Yanzu ke za ki kai ƙarar kanki?" Na ce kusan haka. Ya ce to shi dai ba zai janye "ranki ya daɗe" ba, ya riga ya saba. Mama ce ba ta ɗauka da sauƙi ba. Ta ce duk dangi sun ji, da wane baki za ta sake kiransu? Ta ce halinka ne na kwaso, na son gyara abin da ba a sa ni ba. Na ce mata ai kai shekara ashirin da biyu ka yi kafin ka gyara. Ka shirya, za ta kira ka, kuma a ranar za ka gode wa kunnenka.

Saura kwana biyu a rufe na miƙa. Sakataren kwamiti ya karanta ya ɗago kai. "Malama, kin gane ke ce ta ɗaya?" Na ce na gane. Ya juya fom ɗin gaba da baya, ya ce babu gurbin wanda ke ƙorafin an ba shi maki da yawa. Sai da ya rubuta da hannu a gefe.

Baba Bawul kuwa fushi ya yi. Ya same ni a matakala ya ce, "Wa ya aike ki? Na roƙe ki? Ba na son kujerar tausayi." Na ce, "Baba, ba tausayi ba ne. An ce wanda ya fi sani za a ba. Ni ma so nake in san wa ya fi." Sai na nuna masa kwafin zanen. Ya daɗe yana kallonsa. Ya sa yatsa a kan sa hannunka ya ce, "Har yanzu rubutunsa kamar tafiyar kaza." Ya ninke ya sa a aljihu, bai dawo mini da shi ba.

Jiya kwamitin ya fita gani da ido, mutum biyar da rigunansu masu guga. Shugaban kwamitin da kansa ya murɗa lamba goma sha huɗu har ya yi gumi, masu wankin mota suna kallonsa suna ta feshinsu. A bayan makaranta mai kayan miya ta ce masa, "Ai duk unguwar nan mun san nan ne." Wani a cikinsu ya ce a soke tambayar kawai a huta. Wata ta ce idan aka soke, an hukunta mutum ɗaya tak da ya san amsa. Sun ce za su zauna mako mai zuwa.

A hanyar dawowa na tambayi Baba ko akwai wasu wuraren irin wannan. Ya ce, "Goma sha ɗaya." Kawu, goma sha ɗaya! Tun jiya nake kallon taswirar bango ina tunanin ina da ina.

A gaida Inna. Na barku lafiya.

'Yarka,
Meyasa


Juma'a, 26 ga Afrilu

Zuwa ga tsohon Shugaban Sashe,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, da fatan iyali suna lafiya. An ce ƙafa tana damunka, Allah ya sauwaƙe.

Na ga zanen, na ga shaidar. Ya yi latti, amma ya iso. Abin da ya wuce na bar shi.

Jiya aka ba ni takardar shugabancin sashe, zan kama ranar ɗaya ga Yuni. Wata goma sha uku ne gare ni a kai. Na karɓa da sharaɗi ɗaya, sun amince: 'yarka za ta bi ni da awo da kwamfutarta mu saka duk abin da ke kaina a taswira kafin in tafi. Ta fi ka taurin kai, ta kusa kamo ni. Tambayoyinta sun hana ni shan shayi.

Wurare goma sha ɗaya ne. Tara na tuna su sarai. Biyu kuwa, na bayan tsohuwar tasha da na gefen gada, tare muka binne su da kai, kuma na kasa tuna ko dama da turken wuta ne ko hagu. Za mu zo da mota ranar Asabar ta sama mu ɗauke ka. Ba sai ka yi tafiya ba, daga kujerar gaba za ka nuna da sanda. Ka shirya da wuri, ba na son jira.

A gaida uwargida.

Naka,
Dogo